Baƙon da Jibo Ya Kawo wa Inna

Jibo ƙanena ne, uwa ɗaya uba ɗaya, kuma shi ne autanmu. Na faɗi wannan tun da wuri don kada wani ya ce ƙiyayya ce ta sa na ɗauko labarinsa. Ni na goya shi, ni na wanke masa kashi, ni na riƙa cire masa ƙaya a ƙafa. Amma yau idan na ji ƙarar babur ɗinsa a ƙofar gidanmu na 'Yandoto, sai miyau ya taru mini a baki kamar na shiga bayan gidan tasha.

Sunana Asiya. Ina aure a Tsafe, ina soya ƙuli-ƙuli ina sayar da man gyaɗa, kuma kusan kowace Juma'a nakan je 'Yandoto in yini wurin mahaifiyarmu, Inna. Ni ce 'yar fari, don haka Inna ba ta faɗin sunana, "Ke" take ce mini har yau da nake da furfura. Jibo kuwa sunansa ba ya barin bakinta.

Halinsa ba a Gusau ya koyo shi ba, da shi ya tafi. Tun yana ɗan tsito, duk gidan da ya ga hayaƙi ya fi tashi, matar gidan ta zama innarsa ke nan har a sauke tukunya. A makaranta shi ne mai ɗaukar jakar yaron da ya fi kowa ƙarfi, idan aka kayar da wannan yaron gobe za ka gan shi da jakar wanda ya kayar da shi. Gona kuwa ba a magana. Kwana biyu ya riƙe fartanya sai hannu ya yi kanta, ya zo yana nuna wa Inna, ita kuma ta ce a ƙyale mata auta. Da ya yi gemu sai ya tattara ya koma Gusau, ya kama ɗaki a Tudun Wada tare da wasu samari. Ya yi kamasho a tasha, ya yi tallan tabarau a kan allo, ya yi tsaron shagon wani mai yadi. Ko'ina ya je abu ɗaya yake nema, wato babban mutumin da zai tsaya a bayansa yana cewa "gaskiya ne, ranka ya daɗe." Ba ɓarawo ba ne, ba ya shaye-shaye, salla ba ta wuce shi. Ni dai ban taɓa jin ya faɗi wata magana da zan ce daga cikinsa ta fito ba.

Abu ɗaya ya taɓa yi a rayuwarsa da na ce madalla, shi ne hoton Baba.

Mahaifinmu Malam Yusha'u manomi ne, kuma ya tsani hoto. Ba ya ce haramun ne ba, shi dai bai ga amfaninsa ba. "Wanda yas san ni ya san ni," in ji shi. Ko katin zaɓe ƙin yi ya yi saboda an ce sai an ɗauki fuskarsa. A wurin biki ko suna, da zarar ya ga yara sun ɗaga wayoyi sai ya sulale bayan rumbu, ya tsaya can har a gama.

Wata kaka, Jibo ya zo gida da sabuwar babbar waya mai shafawa. Ba aiki ya zo yi ba, rabonsa na gero ya zo karɓa. Ya bi Baba gonarmu ta daji, wadda yanzu ba mai iya zuwa nomanta, ya laɓe bayan dammunan da aka jera, ya ƙwala kira, "Baba!" Baba ya waiwayo, shi kuma ya danna. Sai ga Baba a waya, da malafarsa wadda Inna ta ɗinke mata baki da shuɗin zaren buhu, da gumi a goshi, da giɓin haƙorinsa guda, baki a buɗe zai yi faɗa amma dariya ta riga faɗan fitowa. Ya ɗauki kara ya bi Jibo da gudu har bakin gona. Jibo ya sa hoton a fuskar wayarsa, wato hoton nan da kake fara gani idan ka taɓa waya ta kawo haske, don ya riƙa tsokanar Baba da shi. Da damina ta zagayo Baba ya kwanta, bai yi doguwar jinya ba, Allah ya karɓi abinsa. Babu wani hotonsa a duniya sai wannan.

Bayan Inna ta fita takaba, wata Juma'a muna zaune a gindin darbejiyar tsakar gida, Jibo ya miƙa mata wayar. Sai ka san Inna kafin ka gane abin da ya faru. Ita irin matan da ne masu kunya. Tun da aka kawo ta gidan ba ta taɓa faɗin sunan Baba ba, ko yaron maƙwabta mai suna Yusha'u "mai sunan Malam" take ce masa. Idan ta kai masa tuwo, durƙusawa take yi idonta a kan kwano. Idan yana magana tana kallon ƙasa, idan ya shigo tana kallon bango. Ta haifa masa 'ya'ya, ta binne wasu tare da shi, amma ba ta taɓa tsayawa ta ƙare wa fuskarsa kallo ba.

Ta karɓi wayar da hannu biyu. Ta kalla, ta kawar da kai kamar an kama ta da laifi, ta sake kallo. Ta daɗe ƙwarai. Can ta ce, "Ashe haka huskatai take."

Na yi dariya har na riƙe ciki, daga nan kuma kuka ya ƙwace mini na tashi na shiga ɗaki.

Daga ranar abin ya zama al'ada. Duk Juma'a bayan an sauko masallaci Jibo zai iso daga Gusau, ya ci tuwo, ya sha fura. Inna za ta wanke hannu, ta goge a zane, ta miƙo tafinta ba tare da ta ce komai ba. Jibo ya taɓa wayar ya ɗora mata. Ta share gilashin da bakin gyalenta, sannan ta fara ba Baba labari, akuya ta haifi biyu, rumbun yamma yana son sabon jinka, wance ta aurar da ɗiyarta ba ta ko aiko da goro ba. Idan hasken ya ɗauke, ba ta yarda a ce wayar ta mutu. "Jibo, ya lumshe," take cewa, shi kuma ya miƙo yatsa ya sake taɓawa. Idonta ya fara yin yana, saboda haka kowace shekara ƙara matso da wayar take yi kusa da hancinta. Yatsanta kullum yana kan shuɗin zaren nan na bakin malafa, tana cewa ɗinkin bai yi kyau ba, da ta sani ta sa baƙi.

Ban san sau nawa na roƙi Jibo ya kai hoton a wanko shi a takarda ba. Wayata ƙarama ce mai tocila, kira kawai take yi, ba ta riƙe hoto. Na ce ya tura wa mijina, na ce ya tura wa kowa ma. "Gobe, Yaya," shi ne amsarsa. Ba ya kuma barin kowa ya riƙe wayar sai Inna, don akwai saƙonnin 'yan mata a ciki da ba ya son a gani. Ni kuma ganin hoton duk mako sai na ɗauka yana nan daram, kamar darbejiyar da muke zama a gindinta.

Ana haka Jibo ya samu sabon ubangida, Alhaji Ɗahiru na Bungudu, dillalin taki da hatsi, wanda ya tara dukiya har ta fara yi masa ƙaiƙayi ya ce shi ma takara zai tsaya. Na taɓa ganinsa sau ɗaya daga nesa a kasuwa. Mutum ne mai wuya uku, mai goge baki da hannun riga, idan zai tofar da yawu ba ya duba wanda ke gefensa. Jibo kuwa tun da ya same shi ba ya gama jimla bai sa sunansa ba. Alhaji ya ce, Alhaji ya yi tari, Alhaji ya kalle ni.

A ƙofar gidan Alhajin akwai wata ɗabi'a da samarinsa suka ƙirƙiro. Idan suka taru a kan tabarmi suna jiran fitowarsa, kowa zai ajiye wayarsa a gabansa, fuskarta sama. Da zarar an ce ga shi nan, sai kowa ya taɓa tasa ta kawo haske, Alhaji ya ratsa tsakaninsu yana ganin fuskarsa dama da hagu, nan yana murmushi, can ya ɗaga hannu, can yana sanye da babbar riga. Wai ta haka ake gane ɗan gida na gaskiya. Maza da gemu, wasu da 'ya'ya a gida, sun jeru a ƙasa suna haska wa ƙato fuskarsa kamar ba madubi a gidansa. Da Jibo yake ba ni labarin, da alfahari yake bayarwa. Na tambaye shi, shi yaya yake yi? Ya ce kife tasa yake yi, ko ya bar ta a aljihu ya ce ba caji. Na ji daɗi ranar, har na ƙara masa ƙuli-ƙuli a leda.

Sai aka fara raɗe-raɗin Alhaji zai raba babura.

Abin da ya biyo baya daga bakin Anas na ji shi a waya. Anas ɗan maƙwabtanmu ne a 'Yandoto, tare suka tashi da Jibo, yanzu magidanci ne yana da teburin gyaran waya a ƙarƙashin wata lema a Tudun Wada. Ya san Baba, Baba ne ma ya raɗa wa ɗansa na fari suna. Jibo da kansa ya ba shi labarin kashi na farko, sauran kuma a gabansa aka yi.

Ranar Laraba ana zaune a ƙofar gidan Alhaji, aka kira Jibo a waya, ya amsa, ya manta ya ajiye ta fuskarta sama. Alhaji ya fito, yana wucewa yana gyaɗa wa hotunansa kai, sai ya ci karo da malafa. Ya tsaya. Ya sa aka miƙo masa wayar, ya riƙe ta da yatsu biyu.

"Wanga hwa? Ko shi na ɗan takararka?"

Wuri ya ɗauki dariya. Wani ya ce a ba tsohon fom, wani ya ce ai da wannan giɓin ba ya cin zaɓe ko a rumfar gidansu. Alhaji yana dariya har tumbinsa yana rawa, ya sake tambaya, "Wa na?"

Magana ɗaya ce ta rage wa Jibo. Da ya ce mahaifina ne, ya rasu, da kowa ya yi tsit, da Alhajin da kansa ya ce Allah ya jiƙansa, don ko shi bai kai lalacewar da zai yi wa mamaci dariya ba. Amma Jibo ya ga ana dariya, kuma shi duk inda ake dariya yana son ya kasance cikin masu yi. Ya sosa ƙeya ya ce, "Wani tsoho na can ƙauyenmu, ranka shi daɗe. Don ban dariya nis sa shi."

Lokacin da Anas ya kawo nan a labarin, sai da na ajiye wayar na fita bayan ɗaki na tofar da yawu. Mutumin da ya sayar da tunkiyarsa ya ɗinka wa Jibo kayan salla, shi ne wani tsoho na can ƙauyenmu.

Kafin a watse, Faruk, wanda ke riƙe wa Alhaji jaka kuma shi ke zaɓen waɗanda za a ba babura, ya ja Jibo gefe ya ce masa gobe Alhamis ne rabon, kuma Alhaji ba ya ba mai fuska biyu.

Da safiyar Alhamis Jibo ya dira teburin Anas, don a wurinsa samarin ke karɓar hotunan Alhaji masu kyau, waɗanda aka rubuta sunansa a ƙasa. Anas ya tura masa. Da ya gane Jibo zai sauya hoton fuskar wayar ne, sai ya karɓi wayar ya shiga ma'ajiyar hotuna yana neman na Baba. Ya duba sama ya duba ƙasa, babu. Ashe watannin baya wayar ta cika, Jibo ya share duk tsofaffin hotunansa a lokaci ɗaya don ya samu wurin zuba waƙoƙin Alhaji da bidiyon tarukansa. Bai ko duba abin da yake sharewa ba.

Anas ya ce masa, "Jibo, tsaya ka ji. Hoton Baba babu shi ciki. Wanga da kaka gani bisa huska shi ɗai yar rage. In ka ɗora wani bisa nai, ya tahi ke nan."

"Kai dai ka cika tsoro. Waya tana mantuwa? Yau ɗai na. Gobe in mai da shi kahin in tahi gida."

"Ba ka da abin da za ka mai da. Aje ta nan, in ƙare wagga da ni buɗe, in ɗauke ma shi ko da rubutun agogo bisa goshinai, in tura cikin tawa."

Anas yana da wayar wani a buɗe a gabansa, ƙarfen narka dalma a hannunsa, abin da ya nema bai wuce a jira shi ya ajiye ƙarfen ba. Amma motar da za ta kwashi samari zuwa Bungudu tana bakin titi tana ta hon, kuma Jibo ya hango wani yana shirin zama a kujerar gaba, kusa da Faruk. Ya fizge wayarsa. Yana tafiya yana dannawa, kafin ya kai bakin motar ya gama. Anas ya ce Jibo ya ɗaga masa wayar daga taga yana dariya, ga Alhaji a jiki da hannu sama.

Ya samu babur ɗin. Na so a ce bai samu ba, da labarin ya fi mini daɗin faɗa, amma ya samu, ja, sabo fil, da leda a kan sirdi da fuskar Alhaji manne a tanki. Bayan la'asar ya koma wurin Anas a kan babur ɗin, yana ta hon, ya ce to a mayar masa da Baba. Anas ya bincika duk inda ake bincikawa. Kwandon da waya ke ajiye abin da aka goge ya daɗe da zubar da nasa, kuma Jibo bai taɓa haɗa wayar da wata ma'ajiya ta intanet ba. Anas ya kira wani abokin sana'arsa da ya fi shi kayan aiki, shi ma ya gwada ya girgiza kai. Da safiyar Juma'a Anas ya kira ni, muryarsa kamar shi ya yi laifin.

Na isa 'Yandoto da hantsi. Inna ta riga ta share gindin darbejiya, ta shimfiɗa tabarma, ta dama fura ta rufe da faifai. Tana ta ba ni labarin abin da za ta gaya wa Malam yau, wai kazarta mai wake-wake ta ƙyanƙyashe. Na buɗe baki in faɗa mata, na kasa. Na ce a raina wanda ya yi ɓarnar shi zai faɗa da bakinsa.

Bayan masallaci muka ji ƙarar babur da ihun yara. Na riga kowa zuwa zaure. Ga Jibo yana ƙoƙarin shigo da babur ɗin, da sabuwar hula, yana ƙamshin turaren da ba nasa ba.

"Yaya! Kin ga abin arziki?"

"Na ji abin da ka yi."

Fuskarsa ta ɗan faɗi, amma ba ta daɗe a ƙasa ba. Ya leƙa cikin gida, ya rage murya. "Yaya, kwantar da hankalinki, na gyara. Dibi nan."

Ya taɓa wayar ya nuna mini. Hoton Alhaji Ɗahiru ne, amma ba mai babbar riga ba. Irin wanda ake ɗauka don a nuna wa talakawa cewa shi ma manomi ne, yana tsaye a gonar wani, da sabuwar malafa wadda ko rana ba ta taɓa gani ba, da fartanya a kafaɗa ya riƙe ta a juye, ga agogon zinariya a hannu. Bayansa dammunan gero.

"Malhwa ta, gero na," in ji Jibo. "Idon Inna ba shi gani sosai. Ba ta ganewa. Ke dai kar ki ce komi."

Na san ƙanena malalaci ne, na san matsoraci ne, amma ban san ya kai nan ba. Na dube shi daga hula har takalmi, na ji tsigar jikina tana tashi kamar na taka mushe da ƙafa ba takalmi. Na ce, "Jibo, ubanka za ka musanya mata da wanga ƙato?" Kafin ya amsa sai muryar Inna daga ciki, "Auta na? Ku shigo mana, hura na yin tsami."

Ya tura babur ɗin har tsakar gida, abin da ba a taɓa yi ba, don dai ya cika mata ido. Inna ta tashi ta shafa sirdin, ta sa albarka, ta ce Allah ya tsare shi da sharrin ƙarfe. Ta tambayi wanda ya ba shi, ya faɗa, ta ce Allah ya saka masa. Jibo ya ja labarin babur ya ja, yawan man da yake sha, gudun da yake yi, yadda zai riƙa kai ta asibitin Tsafe a duba mata ido. Ya sha fura kwanya biyu yana magana. Inna ta saurare shi har ya gaji. Sannan ta jawo buta ta wanke hannu, ta goge a zane, ta miƙo tafinta.

Ina kallonsa. Har lokacin yana da damar ya durƙusa ya ce Inna na yi ɓarna, ki yafe mini. Da ta yi kuka, da ta yafe, don ba ta taɓa riƙe shi da komai ba. Ya taɓa wayar ya ɗora mata a hannu, har da cewa, "Ga Baba nan."

Ta share gilashin da bakin gyale kamar kullum. Ta ce, "Malam, ina wuni. Kazar nan mai wake-wake..." Sai ta tsaya. Ta matso da wayar kusa da hancinta. Yatsanta ya tafi bakin malafa, inda shuɗin zare yake zama, ya bi gefen a hankali har ya zagayo. Ya sauko wajen baki. Hasken ya ɗauke. Ba ta ce ya lumshe ba, amma Jibo ya yi sauri ya miƙo hannu ya sake taɓawa, fuskar Alhaji ta dawo tana sheƙi da maiƙo. Inna ta ƙara kallo kaɗan.

Daga nan ta kawar da kai gefe. Ta sa hannun hagu ta jawo gyalenta daga kafaɗa ta rufe kanta har goshi, ta tattara ƙafafunta ta rufe su da zane, yadda take yi idan wani namiji da ba muharraminta ba ya yi sallama. Ta miƙa wayar ba tare da ta dubi inda take miƙawa ba.

"Jibo," ta ce, "kai baƙonka zaure. Nan cikin gida na."

Ba ta ɗaga murya ba, ba ta tambayi ina Malam ba. Jibo ya fara, "Inna, wallahi wayar ta ta..." Ta ce, "Zaure." Ya tashi, ya rasa abin da zai fara ɗauka, wayar ko babur. Ya tura shi waje yana tuntuɓe da turmi. Ni kuwa na zauna ina kallon kwanyar da ya sha fura, ƙudaje sun taru a bakinta, na ji ko taɓa ta ba na son yi.

Jibo yana nan a Gusau, yana kabu-kabu da babur ɗin idan Alhaji bai aike shi ba. An ce har an ƙara masa matsayi, shi ke tsayawa a bakin tabarma yana duba wayoyin sababbin zuwa. Yana zuwa gida wasu Juma'o'in, Inna tana dama masa fura, tana amsa gaisuwarsa, tana yi masa addu'a idan zai tafi. Wayar kuwa a aljihun babur yake barin ta a zaure, ba wanda ya ce masa ya yi hakan. Inna ba ta sake wanke hannu bayan an gama cin abinci ta miƙo tafi ba.

Rannan ina tsefe mata kai a gindin darbejiya, sai ta ce, "Ke."

Na ce, "Na'am, Inna."

"Giɓin nan na Malam, dama yake ko hagu?"

Na tsaya da tsinken tsifa a hannu. Na rufe ido na nemo fuskar Baba, ta zo mini da malafa da gumi da komai, amma bakin ya ƙi tsayawa wuri ɗaya. Na ce mata dama. Ta gyaɗa kai, ta ɗaga yatsa ta taɓa nata haƙorin na dama, ta daɗe a haka, sannan ta mayar da yatsan hagu.